Makafi Suna Da Sarki, Kutare Suna Da Sarki, Shi Fa Yaron Da Ke Ƙuryar Ɗaki?

Rubutun nan yana da tsawo, mai sauri ya ajiye shi sai dare.

Tun da fim ɗin Aamir Khan mai suna Sitaare Zameen Par ya fito a watan Yunin 2025 nake ganin 'yan uwa masoya finafinan Indiya suna ta yabo, wai an yi fim a kan masu naƙasar ƙwaƙwalwa, wasu har da hawaye. Madalla. Amma in kun lura, labarin na mai koyar da ƙwallon kwando ne, da yadda zama da su ya gyara masa hali. Iyayen da suka yi goyo, suka yi wankin kashi da fitsari shekara ashirin, suna can gefe. Masu ba da labarin iyayen wasu ne daban, 'yan fim ɗin yaren Marathi, kuma mu nan ba mu cika sanin su ba. Zan zo kansu. Bari in fara da gida tukuna, don sai mun ga inda muka ajiye yaron nan a namu tarihin sannan za mu gane abin da ya sa labarinsa ya gagare mu bayarwa.

A tsohon tsarin ƙasar Hausa kusan kowace naƙasa tana da inuwar da take fakewa. Makafi suna da Sarkin Makafi, kutare suna da Sarkin Kutare, guragu suna da nasu. Kuma ba sarautar wasa ba ce, naɗi ne da rawani, ana zuwa fada gaisuwa, in an zalunci makaho a kasuwa akwai wanda zai ɗauki sandarsa ya je ya yi magana. A birnin Kano har unguwa guda suke da ita, Makafin Dala. Kana iya cewa tsarin ya ɗaure su a kan bara, gaskiya ne, amma dai sun samu suna, sun samu wakili.

Yaron da ƙwaƙwalwarsa ba ta cika ba shi ne bai taɓa samun sarki ba. Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Makafi in sun taru za su yi shawara su fid da shugaba, shi kuwa wannan bakinsa uwarsa ce. Uwar kuma tana cikin gida, an tarbiyyantar da ita tun tana yarinya cewa nuna son ɗa a gaban mutane rashin kunya ne, in ɗan fari ne ko sunansa ba ta kamawa. To wadda ba ta iya faɗin sunan ɗanta, yaushe za ta fito fili ta ce ga halin da yake ciki?

Ku duba ma sunayen da harshenmu ya tanadar masa: wawa, gaula, dolo, soko, gaɓo, sauna, sakarai, shashasha. Takwas ke nan ban ma yi nisa ba, kuma babu ɗaya da uwa za ta faɗa wa likita ba tare da ta ji kamar ta zagi ɗanta ba. Sai a 'yan shekarun nan gidajen rediyo suka yawaita cewa galahanga, ita ma kalmar an mai da ita buhun zuba komai. Mafi muni shi ne haɗa shi da mahaukaci. Taɓin hankali ciwo ne da ke samun mai hankali, yana zuwa yana tafiya, ana shan magani a samu sauƙi. Wannan kuwa tun yana ƙarami fahimtarsa ce ke tafiyar hawainiya: sa'o'insa sun yi zama bai yi ba, sun yi tafiya yana rarrafe, sun iya ƙirga kuɗi shi har ya yi gemu naira ɗari da ɗari biyar ɗaya ne a wurinsa. Babu allurar da za ta canza wannan. Amma yana koyo, in an samu mai haƙurin koya masa.

Abin da ya rufa wa yankinmu asiri a da shi ne gandu. A Funtuwa da Bakori da Ɗanja da Ƙafur da Malumfashi da Faskari, gida guda sai ka tarar da mutum talatin ko arba'in suna cin tukunya ɗaya, kuma noma sana'a ce mai ƙofofi da yawa. Wanda ba zai iya lissafin buhun taki ba zai iya korar tsuntsu a gonar dawa. Zai iya kiwon awaki, ɗebo ruwa, kai wa 'yan gona fura, ɓarar gyaɗa tare da tsofaffi a zaure. Da jirgin ƙasa ya taso daga Zariya ya ratsa Funtuwa zuwa Gusau da Ƙauran Namoda a ƙarshen shekarun 1920, kamfanin BCGA, wanda muke kira Bisije, ya kafa injin gurzar auduga, sai kaka ta zama lokacin da ba a raina hannu ko na wane ne. Cirar auduga ba ta tambayar ko ka iya karatu. Irin wannan yaro yana da aikinsa, yana da ƙwaryarsa, in uwarsa ta gaji akwai kaka, akwai gwaggo, akwai matar wa.

Kada wani ya ce na mai da jiya aljanna. A wannan gandun ne yara ke bin sa da waƙar tsokana, manya na dariya. A nan ne in yarinya ce ake neman wanda za a laƙaba wa ita da sunan sadaka, in kuwa wani marar tsoron Allah ya lalata ta sai a rufe maganar, don ita ba ta iya ba da shaida. Sannan ga wanda naƙasarsa ta yi tsanani, wanda wuyansa bai tsaya ba, yawu na zuba, shi ake kira ɗan ruwa. Cewa ake yi ba mutum ba ne, aljanu ne suka ɗauke na gaskiyan suka ajiye nasu, ko dai don uwar ta je rafi da tsakar rana tana da ciki, ko ta bar jinjiri shi kaɗai a ɗaki. Duk wanda ya tashi a karkara ya ji labarin yadda boka ke sa a kai irin wannan yaro bakin ruwa a ajiye, a juya baya, wai zai rikiɗa ya zama maciji ya shige. Ku tsaya ku yi tunanin abin da wannan labarin yake rufewa. Kuma ku lura da wanda aka ɗora wa laifin tun farko: uwa.

Abin mamaki, littattafan da malamanmu ke karantarwa a zaure sun riga al'adar yin adalci da nisa. Hadisi ya sanya wanda ba shi da hankali cikin mutum uku da aka ɗauke wa alƙalami. Aya ta 5 a Suratun Nisa'i ta hana a danƙa dukiya a hannun wanda ba zai iya juya ta ba, amma a wuri guda ta wajabta a ciyar da shi, a tufatar da shi daga cikinta, a kuma yi masa magana mai daɗi. Fiƙihun Malikiyya ya gina babi guda a kan haka: gadonsa nasa ne cif, ba a rage ko ƙwaya, waliyyi ne ke riƙe masa amana, alƙali na sa ido. Wannan a takarda ke nan. A aikace kowa ya san yadda ake raba gona in a cikin magada akwai wanda ba zai iya kai ƙara ba. Sai ka ji an ce, ai shi me zai yi da gona, ba mu ke ciyar da shi ba?

Zuwan Turawa bai ƙara masa komai ba sai barazana. Dokar mahaukata ta 1916 ta haɗa shi da mai taɓin hankali a ƙarƙashin suna ɗaya, kuma abin da ta damu da shi tsarewa ne ba kulawa ba, shi ya sa a Arewa wurin ajiye su yake jingine da gidan yarin En'e. An ɗan yi wa dokar kwaskwarima a 1958, daga nan ta zauna daram har watan Janairun 2023 da Buhari ya sa hannu a sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa. Sama da shekara ɗari ke nan. 'Yan mishan su ma inda ido ke gani suka nufa: kutare a Babbar Ruga kusa da Katsina, makafi a Gindiri, inda aka buɗe musu makaranta a 1953.

Gwamnatinmu ta 'yan ƙasa ta bi sawun nan sak. A 1974 Gowon ya yi alƙawarin ilimi na musamman, a 1977 aka sa shi a cikin manufar ilimi ta ƙasa, aka buɗe kwalejin horar da malamansa a Oyo. Kano ta samu Tudun Maliki. Mu a jihar Katsina muna da makarantar kurame a nan Malumfashi, da ta makafi a cikin Katsina, kuma sun yi rawar gani, akwai ma'aikata da masu digiri da suka fito daga cikinsu. Amma ku duba jerin: makafi, kurame, guragu, kutare. Jerin fada ne dai aka sake kwafowa, wanda ba shi da sarki a wancan ba shi da aji a wannan.

Har ma ina ganin shirin UPE na 1976 ya ƙara tona masa asiri. Kafin nan ma'aunin yaro a ƙauye shi ne me yake iya yi da hannunsa. Da aka kwashe yara aka zuba a aji, ma'auni ya koma allo da alli. Wanda jiya ake yabo don awakinsa ba sa ɓata, yau ya zama daƙiƙin aji, ana maimaita masa aji biyu har ƙannensa su wuce shi, malamin da aka horar cikin gaggawa ba shi da abin ba shi sai bulala. Ƙarshenta ya daina zuwa, babu kuma wanda zai biyo sawu. Wasu iyayen sai su tura shi almajirci wani gari mai nisa da fatan ko albarkar karatu za ta buɗe masa kai, alhali shi ne yaron da bai iya gane hanyar komawa makaranta ba in ya fita bara.

Alhali da yawa daga cikin yaran nan ba da naƙasar aka halicce su ba, a hanya suka gamu da ita. Doguwar naƙuda a gida har jariri ya fito bai yi kuka ba. Shawarar jarirai, a ga idon jinjiri ya yi ɗorawa a ce a shanya shi a hantsi, kafin a kai asibiti ta taɓa ƙwaƙwalwa. Zazzaɓin cizon sauro mai sa jijjiga. Baƙon dauro. Rashin sinadarin aidin a jikin mai ciki, wanda shi ne ya sa tun 1993 aka wajabta zuba shi a gishiri. Da kuma uwa uba sanƙarau. Malumfashi ta san wannan fiye da ko'ina, don a shekarun 1970 likitocin Jami'ar Ahmadu Bello da na makarantar cututtukan ƙasashe masu zafi ta Liverpool sun yi shekaru suna bincike a garin da ƙauyukansa, a kan tsargiya da zazzaɓi da saran maciji da sanƙarau, har sunan Malumfashi ya shiga mujallun likitanci na duniya. A 1996 sanƙarau ya kama sama da mutum 100,000 a ƙasar nan, ya kashe sama da 11,000. A shekarar ce kamfanin Pfizer ya yi gwajin maganin Trovan a Kano a kan yara 200, 11 suka mutu, wasu suka tashi da kurumta da lalurar ƙwaƙwalwa, rigimar da sai a 2009 aka sasanta ta da gwamnatin Kano a kan dala miliyan 75. A 2010 gubar dalma ta kashe yara aƙalla 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum na Zamfara. Mukan ƙirga matattu mu yi salati mu watse. Waɗanda suka rayu fa? Yaron da ya tsallake sanƙarau na 1996 yana ɗan shekara uku, yau ya haura talatin, uwarsa kuma ta fara kama gwiwa in za ta tashi. Kuma abin bai tsaya ba: ƙungiyar likitoci ta MSF ta ce yara 652 tamowa ta kashe a cibiyoyinta na jihar Katsina a wata shidan farko na 2025, yunwa kuwa a shekara biyun farko na rayuwa ba jiki kaɗai take tsumburewa ba.

To yanzu mu tafi Indiya.

Alaƙarmu da finafinansu tsohuwa ce. Tun 1937 aka buɗe silimar Rex a Kano, daga ƙarshen shekarun 1950 kuma 'yan kasuwar Labanan, waɗanda muke kira Kwara, suka fara shigo da na Indiya, suka ga sun fi na kaboyi karɓuwa. Daga silima abin ya koma kaset, ya koma gidan kallo, yau ga fassarar Algaita a wayar kowa. Amma abin da muke kira fim ɗin Indiya yawanci na yaren Hindi ne, sai na kudanci da suka shigo daga baya. Su ma sukan taɓo irin wannan yaro, sai dai ku tuna yadda suke yi. A Koi Mil Gaya na 2003, Hrithik Roshan ya fito a Rohit, saurayi mai tunanin yara, Rekha ce uwarsa. Mun tausaya mata ƙwarai. Sai me? Sai Jadoo ya sauko daga sama ya taɓa shi, ya zama gwani a lissafi, gwani a rawa, ya doke 'yan iska. Wato maganin matsalar shi ne yaron ya daina zama abin da yake.

Mumbai, inda ake yin waɗannan finafinan, ita ce hedikwatar jihar Maharashtra, kuma yaren mutanen jihar shi ne Marathi, masu magana da shi sun kai miliyan 83 a ƙidayar 2011. Dadasaheb Phalke, wanda ya yi fim ɗin Indiya na farko a 1913, ɗan can ne. Madhuri Dixit da Nana Patekar da Riteish Deshmukh duk 'yan can ne. Jiha ce ta manoman auduga kamar mu, su ma suna fama da bashi da faɗuwar farashi. Suna da tasu masana'antar fim, ƙarama, kuɗinta kaɗan, a inuwar Bollywood take kamar yadda Kannywood take a inuwar Legas. Da yake ba za su iya gasar jirgin sama da fashe-fashe ba, sai suka koma cikin ɗaki suna ba da labarin da manyan ke tsallakewa.

A 1991 Sanjay Surkar ya yi Chaukat Raja. Dilip Prabhavalkar, dattijon da kuka gani a matsayin Gandhi a Lage Raho Munna Bhai, shi ya fito a Nandu, ƙato mai hankalin yaro, yana zaune da tsohuwar uwarsa. Babu mai saukowa daga sama. Akwai dai maƙwabta masu ƙyama, da wata ƙawarsa ta ƙuruciya da ta gane shi ta ja shi a jiki har mijinta ya fara jin haushi, da baiwar zane da aka gano yana da ita. A 2014 Riteish Deshmukh ya sa kuɗinsa aka yi Yellow, Mahesh Limaye ya ba da umarni. Labarin Gauri Gadgil ne, yarinya mai lalurar da likitoci ke kira Down syndrome, wadda ta zama gwanar ninƙaya. Ba su ɗauko wata jaruma ta karkace baki tana kwaikwayo ba, ita Gaurin ce da kanta ta fito, har gwamnatin Indiya ta karrama ta a bikin kyaututtukan fim na ƙasa. A cikin labarin uban ne ya kasa ɗaukar ƙaddarar, uwar ta kwashi 'yarta ta koma gidan ɗan uwanta. Wannan kam ko a Ɗandume aka nuna shi ba sai an yi wa mata fassara ba.

Wanda ya fi tsaya mini a rai shi ne Kaccha Limbu na 2017, fim ɗin farko da Prasad Oak ya ba da umarni, an ɗauko shi daga littafin marubuci Jaywant Dalvi, kuma shi ya ci kyautar ƙasa ta fim mafi kyau a yaren Marathi. Sunan yana nufin ɗanyen lemun tsami, haka yaransu ke kiran ƙaramin da ake sawa a wasa don kada ya yi kuka, amma cinsa ba ci ba ne, faɗuwarsa ba faɗuwa ba ce. Ɗan cikon benci dai. Da gangan aka yi shi baƙi da fari. Mata da miji ne a wani ƙuntataccen ɗaki a Mumbai, da ɗansu Bachchu ɗan shekara 15. Sonali Kulkarni, wadda ta fito uwar Salman Khan a Bharat, ita ce uwar. Ita tana aikin rana, mijin yana aikin dare, don kada a bar yaron shi kaɗai, har suka zama kamar masu karɓa-karɓar gadi, a bakin ƙofa suke haɗuwa. Duk abin da suka samu suna tarawa saboda ranar da ba su. Sannan yaron ya balaga. Jikinsa ya zama na namiji, hankalinsa bai san bambancin uwa da wata mace ba. Fim ɗin bai kau da kai ba, bai kuma yi batsa ba. Ya nuna uwa tana tsoron ɗan da ta haifa, tana son sa, tana gajiya da shi, duk a rana ɗaya. Wallahi akwai gidaje a garuruwanmu da ke cikin wannan halin a daren yau, kuma ba su da wanda za su faɗa wa, ko liman, ko likita, ko 'yar uwa.

Me ya sa su suka iya? Ba don sun fi mu tausayi ba ne, su ma suna da camfinsu, suna cewa alhakin wata rayuwa ce ta baya. Bambancin shi ne iyayen can sun riga 'yan fim fitowa. Tun 1944 wasu mata da miji a Bombay, iyalan Vakeel, da suka rasa makarantar da za ta karɓi 'yarsu, suka buɗe aji a cikin gidansu, yau makarantar Jai Vakeel tana cikin manya a ƙasar. Ƙungiyoyin iyaye suka yi ta yaɗuwa, suka matsa har a 1999 majalisar Indiya ta yi doka ta musamman, ta kafa hukumar amana da ke naɗa wa irin waɗannan mutane waliyyi a hukumance, musamman bayan mutuwar iyaye. Wato tambayar nan da ke hana kowace uwa barci, in na mutu wa zai riƙe shi, sun fid da ita daga ɗaki sun kai ta majalisa. Marubuci ya ji, ya rubuta. Ɗan fim ya karanta, ya ɗauka. Gwamnatin jiha kuma tana ba finafinan yaren tallafi, don haka furodusa zai iya yin kasada.

Mu kuwa da muka tashi yin namu, daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990 zuwa yau, mun kwaso rawa da waƙa, mun kwaso soyayyar mutum uku, mun kwaso auren dole. Shi wannan yaro muka ba shi gurbi biyu. Ko dai ɗan ban dariya, hula a karkace, riga a birkice, ana ɗaure masa wando a ƙirji, ana mangare shi muna ƙyaƙyatawa. Ko kuma ɗan Alhaji da kishiyar uwa ta yi wa sammu, ana saura minti goma fim ya ƙare malam ya tofa masa addu'a, ya yi atishawa, ya tashi garau ya auri jarumar. Jadoo ne dai, an sa masa rawani. Ban ga laifin 'yan wasan ba sosai, kasuwar Ƙofar Wambai ce ke yanke hukunci a lokacin, abin dariya kuma shi ke sayuwa. Amma ku yi tunanin uwar da ke zaune a tsakar gida ana kallon nan, ɗanta na gefenta, yaran gida suna nuna shi suna kiran sa da sunan na cikin fim. Na biyun ma ya fi cutarwa, don shi ke ƙara tabbatar mata cewa akwai wani malami ko boka a wani gari da bai kai gare shi ba tukuna. Haka za a sayar da akuya, a sayar da tunkiya, a jinginar da gona. Da wuraren da aka fasa a Rigasa da Daura da Katsina a 2019, aka fito da mutane da mari a ƙafa, ai iyaye ne suka kai da yawansu da hannunsu, har suna biyan kuɗin wata.

Gandun da ya riƙe yaron nan shekaru aru-aru shi ma ya watse. Gona ta rarrabu, matasa sun tafi Abuja da Legas acaba, maganin feshi ya cinye aikin noman hannu, auduga ta ja baya. Awakin da yake kiwo ɓarayin daji sun kora. Daga Faskari zuwa Sabuwa, daga Ƙanƙara zuwa ƙauyukan Malumfashi irin su Unguwar Mantau da aka kai wa hari a masallaci a watan Agustan 2025, mutane sun koyi kwana da takalmi a ƙafa. In aka ji ƙarar babura da dare, kowa ya san abin yi: a shige gonar masara, a kwanta, a yi tsit. To uwar da ɗanta ya kai shekara 14, ya fi ƙarfin goyo, ba ya gudu, kuma ba ya gane abin da ake nufi da yi shiru, ita yaya za ta yi? Maƙwabta za su yarda ta ɓuya kusa da su? In sun tsira sun shigo Funtuwa, ɗaki ɗaya za su kama a gidan haya, ko kangon wani, babu kaka babu gwaggo. Ta fita wankau ko aikatau, sai ta ja ƙofa ta sa kwaɗo, ko ta ɗaure masa ƙafa da zane a jikin turmi. Ran da wani ya ɗauki hoton ya sa a Facebook, mu ne za mu taru a ƙasa muna tsine mata.

A watan Janairun 2019 aka sa hannu a dokar hana nuna wa masu naƙasa bambanci, a 2020 aka kafa hukumarsu ta ƙasa, wa'adin shekara biyar da aka bayar na gyara gine-gine ya cika a Janairun 2024. Yawancin abin da ake tattaunawa a kanta matakalar keken guragu ce da kason kashi 5 cikin ɗari na guraben aiki, kuma masu wannan fafutukar sun cancanci yabo, da bakinsu suka ƙwato. Amma a cikin dokar akwai wani sashe da ba a cika ambata ba, wanda ya ce mai naƙasar ƙwaƙwalwa yana da haƙƙin a duba shi kyauta a asibitocin gwamnati, ga kuma karatu kyauta har sakandare ga duk mai naƙasa. Dokar ta kuma yi maganar takardar shaidar naƙasa, wadda sai likita ya duba mutum ake bayarwa. Yaron da muke magana a kansa sau da yawa ko takardar haihuwa ba shi da ita, in masu ƙidaya ko masu rigakafi sun shigo gida ma, a ɗaki ake rufe shi har su fita.